Ɗorin da Aka Yi wa Ƙuna

Shekara ashirin da uku na yi ina yankan yadi a wani ɗan shago a Sultana, cikin Madina, kuma ban taɓa ɓata wa mutum kaya ba sai bayan da hannuna ya lalace. Ba cika baki nake yi ba. Mu huɗu ne a shagon, uku ɗinki kawai suke yi, ni ne mai yanka. Mutum ya shigo in auna shi, in shata da alli, in ɗauki almakashi in bi, su kuma su haɗa. Mai shagon tsoho ne ɗan garin, shi ne kafilina, wato da sunansa takardar zamana take, wadda ake kira iƙama. Duk shekara shi yake sabunta ta. Ran da bai sabunta ba, ran nan zamana ya ƙare, sai haɗa kaya.

Ni kuwa haɗa kayan ne ba na so. Matata ta rasu a Katsina ina nan, 'ya'yana kowa ya kama gabansa, ba wanda yake jiran in koma in riƙe shi. Abin da nake so guda ɗaya ne, kuma duk wanda ya taɓa shan shayi da ni ya san shi, don ba na ɓoyewa: in mutu a Madina, a sallace ni a masallacin Manzon Allah, a kai ni maƙabartar Baƙi'a a rufe. Kusan bayan kowace salla a Harami sai an yi shelar sallar gawa. In na samu sarari nakan bi su har bakin kabari, mutanen da ko sunansu ban sani ba, ina kallon ƙasar ina cewa a raina saura ni. Kafin in samu haka dole ajali ya tarar da ni da iƙama mai rai. Iƙama tana hannun mai shago, shi kuma saboda yankana yake riƙe da ni.

Cikin watan Sha'aban abin ya faru, lokacin da kowane gida yake kawo ɗinkin salla, shagon ya cika har ba wurin sa ƙafa. Telan da yake haɗa mana da guga ya tafi ganin gida, sai ya zama kowa yana taɓa gugar in ya samu hannu. Da hantsi ne, ina guge wuyan wata farar jallabiya, na juya zan amsa sallamar wani, gwiwar hannuna ta ture dutsen gugar. Ƙarƙashin teburin kuwa fararen jallabiyoyi ne da muka gama, an jera su. Kafin in yi tunani na riga na cafke shi, ta ƙasa, ta wajen ƙarfen. Kuma wai ban sake shi nan take ba, sai da na mayar da shi kan tebur tukuna. Kai, tela! Na ceci jallabiyar mutumin da yau ko fuskarsa ba zan iya tunawa ba, na ba da tafin hannuna na dama.

Mai shago da kansa ya sa ni a motarsa ya kai ni asibiti. Suka wanke, suka shafa magani, suka naɗe. Sannan suka ɗaura mini wani abu mai tauri a ƙarƙashin hannun wanda ya buɗe tafin gaba ɗaya, babban yatsa can gefe shi kaɗai. Ma'aikaciyar ta ce da Larabci in riƙa zuwa duk bayan kwana biyu, kuma in riƙa motsa yatsun ko da akwai ciwo. Ba zan ce ban ji ba. Na ji sarai, Larabcina ya kai nan.

Sau uku na je. Duk wanda bai taɓa ƙonewa ba, kada ya ce mini komai a kan wankin ƙuna. Su ɓare audugar da ta manne, su ce buɗe, rufe, buɗe. Ina kallon wurin da ya fara kamewa tsakanin babban yatsa da manuni yana sake tsagewa, jini yana tsattsafowa. Ni da furfurata, ina hawaye a gaban 'yan mata sa'o'in 'ya'yana. In na fito sai na zauna a bakin titi na huta kafin in kama hanya.

Ran Juma'a sai ga Yaya ya zo duba ni. Ba uwa ɗaya muke ba, ba ma ƙasa ɗaya ba. Bahaushen Sudan ne, kakanninsa sun taso daga ƙasar Hausa da ƙafa za su Makka, suka tsaya a hanya suka hayayyafa a can, shi ne ya ƙarasa musu tafiyar. Ya girme ni da shekara goma sha wani abu, shi ya sa nake ce masa Yaya. Yana kula da wata gonar dabino a Awali, amma abin da aka fi saninsa da shi a cikinmu ɗori ne da ƙaho. Ya gaje su wajen ubansa. Na ga mutumin da ya faɗo daga kan dabino ƙashin ƙafarsa ya karye biyu, Yaya ya ɗora shi, yau yana tafiya ko ɗingishi babu. Ni kaina na taɓa gurɗewa a matakalar gidanmu, shi ya gyara ni. Ba ɗan damfara ba ne, wannan dole in faɗa, kuma ko ruwan shayi ba ya karɓa a kan aikinsa.

Ya ɗaga hannun ya juya shi, ya ƙwanƙwasa abin da suka ɗaura mini da farce, ya ce in ba shi labari. Na ba shi. Da na zo kan buɗe da rufe sai ya saki salati.

"Ƙanena, wa ya taɓa ce maka ana motsa ciwo? Ciwo hutu yake so. Allah yana haɗawa, su suna ɓarkewa. Ta ina zai warke?"

Wallahi maganar ta shige ni, don abin da nake ta faɗa wa kaina ke nan. Ya kwance bandejin a hankali, ya ajiye abin mai tauri gefe. Hannun yana samun kansa sai ya lanƙwashe, yatsun suka rusuna, babban yatsa ya kwanta a kan tafin. Yaya ya yi murmushi.

"Ka gani ko? Shi da kansa ya san yadda yake so ya kwanta. Su ne suka tilasta masa."

Ya shafa zuma da man kaɗe, ya sa auduga, ya naɗe shi da farin ƙyalle a yadda ya kwanta ɗin, tam, kamar yadda yake yi wa karaya. Ya ce kwana arba'in, kada in kwance, kada in motsa, shi zai riƙa zuwa yana sake zumar. Kafin ya tashi tafiya raɗaɗin ya ragu. Kafin la'asar na ci abinci har na nemi ƙari, rabona da haka kwana goma.

To a nan laifina yake, kuma ba zan ɗora wa kowa ba. Ba don na fi yarda da Yaya a kan likita na bi shi ba. Na bi shi don nasa ba ya ciwo. Shi ke nan. Akwai kuma ɗayan dalilin: zuwa asibiti yana cinye mini rabin yini, ga shago a cike, ga wani daga cikin telolin ya fara ɗaukar almakashina yana yanka. Gara ina zaune a gabansu mai shago yana ganina, ina awo da hagu, ina nuna musu inda za su bi.

Yaya yana da 'ya, haihuwar Madina, tana aiki a wani kantin magani a Khalidiyya. Tana jin Hausa tas, amma in za ta amsa rabi Larabci ne. A gabana ta girma, Baffa take ce mini. Cikin azumi ta kira ni a waya.

"Baffa, Baba ya faɗa mini abin da ya yi. Lazim ka koma mustashfa, dole ka koma asibiti. Ƙuna ba karaya ba ce."

Na ce, "Ke, tun ba a haife ki ba ubanki yake wannan aikin. Don kin sa farar riga sai ki raina shi?"

Ta ce Allah ya ƙara sauƙi, ta kashe. Har na ji daɗin kaina, wai na tsare wa babba girmansa.

Bayan salla da 'yan kwanaki aka cika arba'in. Yaya ya kwance ɗaurin a ɗakina, maƙwabtana biyu suna tsaye. Abin da muka gani kuwa sai masha Allah. Ba ruwa, ba wari, fata sabuwa ful, sumul, tana sheƙi. Yaya ya ɗaga hannun yana nuna musu, idonsa har da ƙwalla don murna. Ni ma na yi hamdala. Sai na ce bari in buɗe. Yatsu huɗun suka ɗan miƙe, ba duka ba. Babban yatsa kuwa ko gezau. Fatar da ke tsakaninsa da manuni, wannan mai laushin da take buɗewa in mutum ya ware hannu, babu ita. Ta haɗe ta zama wata igiya mai tauri da ta janyo yatsan ta ɗaure shi a tafin.

Yaya ya ce sandarewa ce kawai, kowane ɗori haka yake yi, in riƙa gasawa da ruwan ɗumi, mako guda zai saki.

Washegari na riga kowa zuwa shago. Na ɗauko almakashi. Da ƙyar na cusa babban yatsan a zoben, sai da na taimaka da hagu. Na ce bismilla na buɗe. Bakin almakashin ya buɗe kamar faɗin yatsa ɗaya ya tsaya. Na ƙara ƙarfi, na ƙara, sai na ji wani abu ya ce tas. Sabuwar fatar ce ta tsage, jini ya ɗiga a kan tebur. Na goge shi da sauri kafin a shigo.

Na yi gashin ruwan ɗumi mako uku. Sannan na koma asibitin da na gudu, kaina a ƙasa. Likitar mace ce, ba Balarabiya ba, Larabcinta kamar nawa. Ta ja yatsan a hankali, ta danna tabon, ta sake, ta dube ni ta saman tabarau. Ta ce wa ya ɗaure hannun nan? Na ce ni. Ta ce kai kaɗai, da hannu ɗaya? Na ce e. Ta san ƙarya nake, amma ba ta ja ba. Ni kuwa ba zan kai sunan Yaya gaban hukuma ba ko da hannun za a cire. Ta yi ta bayani, na kama wani na rasa wani. Ta rubuta takarda shafi guda da Turanci ta ba ni.

Ba ni da wanda zai karanta mini sai yarinyar da na yi wa tsawa. Na hau mota na je Khalidiyya. Na jira har mutane suka ragu a kantin, na miƙa mata takardar da hagu. Ba ta ce ai na faɗa maka ba. Da ta faɗa da ya fi mini sauƙi. Ta karanta a hankali, tana bi da yatsa, sai ta tsaya a kan wata kalma da likitar ta ja wa layi.

"Wannan ita ce maganar duka, Baffa. Inelastic."

Na ce me ke nan?

Ta ce abin da ba ya miƙewa in an ja shi. Fatar mutum, in ji ta, tana bayarwa ta dawo, tana bayarwa ta dawo, shi ya sa muke iya buɗe hannu. Tabon ƙuna ba haka yake ba. Tsukewa yake yi yayin da yake warkewa, kuma a yadda aka bar shi a haka zai kame. Shi ya sa suke buɗe hannun su ɗaure shi a buɗe, shi ya sa suke sa a yi ta motsawa duk da ciwon. In ya riga ya kame a rufe, to in ka ja shi da ƙarfi ba zai miƙe ba, yagewa zai yi.

Ni da na yi shekara arba'in ina taɓa yadi, ba sai an yi mini dogon bayani ba. Na san yadin da yake bayarwa a hannu da wanda ba ya yi. Na san robar wando in ta mutu, ka ja ta ka ji tana ƙas-ƙas a ciki, ba ta da sauran amfani sai a zare a sa wata. Na tsaya ina kallon tafina.

Ita kuma, ina jin don ta rasa abin faɗa ne, sai ta buɗe wayarta tana karanto mini sauran wuraren da Turawa suke sa kalmar. Wai ana faɗa wa ƙarfe da katako. Ana faɗa wa doka wadda ba ta sassautawa ga kowa. Har a kasuwa wai ana faɗa, a kan kayan da mutane ba sa daina saye ko an ƙara musu kuɗi, kamar magani ko gishiri.

Na ce, "Ni kasuwa na tambaye ki? Ki faɗa mini, zan sake yanka ko ba zan sake ba?"

Ta kife wayar. Ta ce takardar ta ce a fara da gashi da motsa jiki, a sa safar hannu mai matsewa, a ga abin da zai yiwu. In bai yi ba sai aiki, a yanke igiyar a ɗebo fata daga cinya a yi faci. Amma ba sa yin aikin sai tabon ya nuna, wajen shekara guda, kuma ko an yi ba wanda zai yi alkawarin almakashi. Na lissafa a raina. Saura wata bakwai iƙamata ta ƙare.

Watannin da suka biyo baya ba na son tuna su, ba don wani abu babba ya faru ba, sai don ba abin da ya faru. Sau uku a mako ina ɗakin gashi. A tsoma hannun a kakin zuma mai ɗumi, a murza tabon da mai, wani ƙato mai fara'a ya kama yatsan ya ja har in ga duhu-duhu. Ciwon da na guje wa na kwana goma, ga shi na dawo ina shan ninkinsa wata da watanni, kuma yanzu ni nake roƙo a ƙara ja. Suna da wani ɗan ma'auni da suke sawa tsakanin yatsun. Duk mako biyu a auna, a rubuta, a ce akwai cigaba. Cigaban da ni mai awo ba na iya ganinsa da ido! In na cire safar da safe sai in tarar abin da aka samu jiya ya koma. Na gaji. Gajiyar da barci ba ya maganinta, in tashi da ita in kwanta da ita.

Na ce to bari in koya wa hagu. Almakashin dama a hannun hagu tauna yadi yake yi, ba yanka ba. Aka nemo mini na hagu. Ina tara ƙyallayen da aka zubar, bayan azahar in an tafi cin abinci in zauna ina bin layin alli kamar sabon ɗan koyo. Miƙaƙƙen layi na iya shi. Amma wuya da hammata, inda aikin yake, hannun sai ya yi ta karkata. Idona ya san hanya, hannun bai sani ba. Mutum yana dab da sittin ba ya sake hannu.

Duk wannan lokacin mai shago bai ce mini uffan ba. Allah ya saka masa. Ya bar ni ina awo, ina sa maɓalli da ƙyar, ina karɓar baƙi. Telan da yake yanka a madadina kuwa ba mayanki ba ne, kuma shi ma ya sani. Kaya suka fara dawowa, wannan kafaɗa ta zame, wancan wuya ya shaƙe shi. Tsofaffin masu zuwa su leƙo su ce, mu'allim, haka suke kiran gwanin sana'a, hannu ya warke? In ce saura kaɗan. Sai su ce to za mu dawo. Wasu ba su dawo ba.

Da sanyi ya shigo wani dattijo ya kawo yadin ulu mai duhu, na bikin ɗansa, ya ce shi ni yake so in yanka, ba ya son hannun kowa. Da ina da hankali da na ba shi haƙuri. Amma na ga mai shago yana kallona ta gefen ido, na ce a raina yau ko gobe dai sai an yi ta. Na shata da kyau, alli bai taɓa ba ni kunya ba. Na ɗauki almakashin hagu. Jikin ya tafi daidai. Da na zo zagayen wuya, hannun ya zarce ciki da kamar faɗin yatsa biyu. A yadin ulu, a gaba, inda ba faci ba dabara. Kekunan ɗinki duk suka tsaya. Mai shago ya taso ya ɗauki yadin, ya duba, ya ninke shi a hankali ya sa a ƙarƙashin tebur, ya aika a sayo wani irinsa. Ko kallona bai yi ba, don kada in ji kunya.

Bayan kwana biyu ya ce in zauna, ya zuba mini shayi da hannunsa.

"Ya mu'allim, ka san ba na ƙinka."

Na ce na sani, ya Sheikh.

Ya ce ya je ya tambaya. Shago irin nasa mutum huɗu aka yarje masa. In zai kawo mayanki, dole ɗaya ya tafi, kuma ba mayanki shagon zai mutu da mu duka. Ni da ban taɓa roƙonsa ko hutun kwana ɗaya ba, ranar na roƙe shi. Na ce zan yi shara, zan dafa shayi, zan yi gadi, kada ma ya ba ni komai, ya bar mini takardar kawai. Na ce ya Sheikh, ba daɗewa zan yi ba, dubi shekaruna. Ya juya fuskarsa wajen bango. Sannan ya ce ba shi da iko, in yafe masa.

Na nemi wani kafilin. Na taka Sultana daga wannan kai zuwa wancan. Kowa ya dubi furfurar ya dubi safar hannun, sai ya ce Allah ya buɗa. Wasu 'yan'uwa suka ce in ɓace kawai, in shige gonakin Awali in zauna ba takarda, ai akwai masu yi. Na juya maganar kwana da kwanaki. Amma in zauna ina jin ƙarar mota gabana yana faɗuwa, in kasa zuwa Harami don tsoron a tare ni a hanya, in jawo wa tsohon da ya riƙe ni shekara ashirin da uku tuhuma? Ƙarfin wannan ma babu shi a jikina. Aka buga mini takardar fita.

Yaya kuwa tun ranar da na dawo daga Khalidiyya ban sake yi masa magana ba. Ya kira ban ɗauka ba. Ya zo ɗakina sau biyu, ina ciki na yi shiru har ya gaji da sallama. Ya aiko da dabino na ba maƙwabta. Na san ba adalci nake yi masa ba, na san ni na miƙa masa hannun, amma ina ganin fuskarsa a raina sai in ji zuciyata tana tafasa. In ban ji haushinsa ba haushin wa zan ji? Na kaina ya riga ya ishe ni.

Saura kwana biyu in tashi, na yi la'asar a Harami. Aka yi shelar sallar gawa, muka yi. Aka fito da su uku a kafaɗa, da sauri kamar yadda ake yi, aka nufi Baƙi'a. Ranar ban bi su ba. Na tsaya a jikin katanga ina kallo har suka shige. Ina nan sai na ji an ce, "Ƙanena."

Ya rame. Ashe 'yarsa ta faɗa masa abin da takardar ta ce tun tuni, kuma tun daga ranar bai sake ɗora kowa ba. Ya miƙo hannu, na miƙa masa nawa yadda yake, a dunƙule. Ya riƙe shi da hannu biyu, yana shafa tabon da babban yatsansa.

"Alheri na nufa da kai, Allah ya sani. Abin da na gani a wajen ubana shi na yi. Ban san ƙuna daban take ba. Ka yafe mini."

Na ce na yafe. Kuma da na faɗa sai na ji gaskiya ne, haushin ya tafi, ban san lokacin da ya tafi ba. Na ce, "Yaya, ni na gudu daga asibiti, ba kai ka kore ni ba."

Sai ya fashe da kuka a nan cikin mutane. Ya ce wallahi muddin yana numfashi, duk sallar da ya yi a masallacin nan sai ya ambaci sunana. Zai roƙa mini lafiya, zai roƙa mini buɗi, zai roƙa mini tsawon rai a cikin 'ya'yana da jikokina. Yana ta lissafowa, yana riƙe da hannun.

Na ce, "Na gode, Yaya. Amma ni addu'ar da na zo nema a garin nan guda ɗaya ce, kuma a kwance ake yi wa mutum ita, liman yana tsaye a kansa."

Muka tsaya a jikin katangar har masu rakiyar suka fara fitowa suna kakkaɓe ƙasa daga hannuwansu. Sannan na ce masa zan wuce, ban gama ɗaure kaya ba.